Atamfar Jouy: Yadin da fadar Faransa ta haramta shekara 73, ya kuma ga bayan fadar

A shekarar 1783 Sarkin Faransa Louis na 16 ya sanya hannu a wata takarda da ta ba wata masana'antar buga yadi laƙabin "masana'antar sarki". Masana'antar tana wani ƙauye mai suna Jouy-en-Josas, tafiyar 'yan kilomitoci kaɗan daga fadar Versailles. Mai ita, Christophe-Philippe Oberkampf, haifaffen Jamus ne, ɗan gidan marina, kuma mabiyin ɗariƙar Furotesta a ƙasar da a lokacin ko auren 'yan wannan ɗariƙa hukuma ba ta amince da shi ba. Shekara 24 kafin wannan karramawa, sana'ar da ta kai shi ga wannan matsayi laifi ce da ake cin mutum tara a kanta, wani lokaci har a ɗaure shi. Shekara 10 bayan karramawar kuma aka fille kan sarkin da ya sa hannu, masana'antar kuwa tana ta ƙara gine-gine.

Yadin da ake bugawa a wurin, wanda duniya ta sani da sunan toile de Jouy, auduga ce mai zane, dangin abin da ake kira atamfa a kasuwanninmu. Tarihinsa ya ratsa mulkin sarakuna uku da juyin juya hali da daular Napoleon, kuma ta cikinsa ana iya ganin yadda tufafi suka fara rushe katangar da ke tsakanin masu sarauta da talakawa tun kafin doka ta rushe ta.

Haramcin da bai hana kowa sawa ba

A ƙarni na 17 ne jiragen ruwa suka fara jibge yadin auduga mai launi daga Indiya a tashoshin Faransa, musamman bayan kafa kamfanin kasuwancin Gabashin Indiya na Faransa a 1664. Faransawa suka sa masa suna indienne, wato ɗan Indiya. Abin da ya ruɗa mata a kansa a fili yake: ba shi da nauyi, yana da araha idan aka gwada shi da siliki, ga shi ana wanke shi launinsa bai zuba ba. Rigar siliki ko ta ulu a wancan zamani ba ta san ruwa da sabulu ba, sai dai a kakkaɓe ta a shanya. Marinan Turai kuma ba su riga sun gano sirrin da Indiyawa suke kama launi da shi a jikin auduga ba.

Masu saƙar siliki na birnin Lyon da masu ulu da lilin na sauran larduna suka kai kuka fada cewa wannan baƙon yadi zai kashe masu sana'a, kuma kuɗin ƙasa suna zurarewa waje. A watan Oktoban 1686 gwamnatin Sarki Louis na 14 ta haramta shigo da shi, ta kuma haramta buga kwaikwayonsa a cikin gida. Daga baya aka ƙara da haramta sanya shi. Aka yi ta sabunta dokar ana ƙara mata zafi. Jami'ai sukan tare mace a ƙofar gari su ƙwace rigar da ke jikinta, akan ƙona dilolin da aka kama a bainar jama'a, manyan masu fasa-ƙwauri kuwa akan tura su aikin bauta a jiragen yaƙin sarki.

Duk ɗan kasuwar da ya ga zamanin da aka hana shigo da atamfa Najeriya, kaya kuma suka ci gaba da cika rumfunan Kantin Kwari ta ɓarauniyar hanya, zai iya hasashen abin da ya biyo baya. Shekara guda kafin haramcin, a 1685, Louis na 14 ya soke dokar da ta ba 'yan Furotesta 'yancin addini, dubban masu sana'a suka tsere, wasunsu suka kafa wuraren buga yadi a Geneva da Neuchâtel na ƙasar Suwizalan, daf da iyaka. Daga can kaya suka riƙa kwararowa ta tsaunuka. Shahararren ɗan fasa-ƙwaurin nan Louis Mandrin, wanda yake shigowa da ayarin mahaya ɗauke da bindigogi ya buɗe kasuwa da rana tsaka, taba da irin wannan yadi yake sayarwa. An kashe shi a garin Valence a 1755, amma talakawa da yawa sun ɗauke shi gwarzo saboda ƙiyayyar da suke yi wa masu karɓar haraji.

Abin da ya fi zubar wa dokar mutunci shi ne matan fada da kansu suna sanya yadin, suna kuma ƙawata ɗakunansu da shi, babu jami'in da ya isa ya tare su. Masana tattalin arziki irin su André Morellet suka yi rubuce-rubuce suna cewa ana azabtar da talaka a kan abin da manya suke yi a sarari. A 1759, zamanin Sarki Louis na 15, aka janye haramcin bayan shekara 73. Sakamakonsa dai shi ne Faransa ta wayi gari ba ta da ƙwararrun da za su buga mata yadin da jama'arta suke so, dole ta nemo su daga waje.

Baƙon da ya zaɓi bakin rafi

An haifi Oberkampf a 1738. Ya koyi rini a wurin mahaifinsa a Suwizalan, ya yi aiki a Mulhouse, sannan ya iso Paris a 1758 yana ɗan shekara 20. Da aka buɗe ƙofa, sai ya nemi wuri mai ruwa mai kyau da fili mai faɗi, ya samu a Jouy, a gefen rafin Bièvre. Ranar 1 ga Mayun 1760 ya buga turminsa na farko a wani ɗan gida, shi da ƙaninsa Frédéric da 'yan tsirarun mataimaka. Kusancin ƙauyen da Versailles da kuma Paris ya ba shi kasuwa biyu a lokaci guda.

Jari ya zo daga wani lauya mai suna Sarrasin de Maraise, wanda ya shiga haɗin gwiwa da shi a 1762. Amma wadda ta riƙe littattafan kuɗi da wasiƙun ciniki na kamfanin daga ofishinsa na Paris shekara da shekaru ita ce matar lauyan, Madam de Maraise, ɗaya daga cikin matan da suka fi ƙwarewa a harkar kasuwanci a Faransa ta wancan ƙarni.

Aikin da kansa mai tsawo ne. Oberkampf ba ya saƙa a farkon lamari. Akoko yake saya, mafi kyawunsa daga Indiya, a wanke shi a rafi, a buge shi da sanduna har ya saki duk wani datti. Abin da mai bugu yake dangwala wa yadin da katakon da aka sassaƙa zane a jikinsa ba launi ba ne tukuna, wani haɗi ne mai kama launi. Idan ana son ja sai a yi haɗin da alam, irin wanda ake tace ruwa da shi, idan ana son baƙi ko shunayya sai a yi shi da ruwan ƙarfe. Bayan ya bushe sai a tsoma yadin a ruwan kashin shanu mai ɗumi domin a cire rarar haɗin, sannan a dafa shi a tukunyar rini da saiwar wani tsiro mai ba da ja wanda Faransawa ke kira garance. Tukunya ɗaya ce, amma inda alam ya taɓa sai ya fito ja, inda ƙarfe ya taɓa ya fito baƙi. Sauran jikin yadin, wanda ya ɗan yi jaja-jaja, sai a shimfiɗa shi a kan ciyawa kwana da kwanaki ana yayyafa masa ruwa har rana ta mayar da shi fari. Matafiyi da ya hango Jouy daga kan tudu filaye yake gani shimfiɗe da yadi iyakar ganinsa. Shuɗi da rawaya kuwa mata ne suke ƙara su da hannu da ɗan buroshi, suna zaune a dogayen tebura, kuma su ne mafi ƙarancin albashi a masana'antar.

A 1770, shekarar da ya zama ɗan ƙasar Faransa, Oberkampf ya fara bugu da faifan tagulla, fasahar da aka fara amfani da ita a ƙasar Ireland. Faifan ya kai kusan mita guda, kuma yana ɗaukar zane mai siraran layuka da katako ba zai iya ba, sai dai launi ɗaya kawai yake bayarwa: ja, ko shuɗi, ko shunayya, ko ruwan ƙasa a kan fari. Wannan shi ne yadin da ake nufi yau idan an ce toile de Jouy, mai hotunan makiyaya da 'yan mata da bishiyoyi, wanda ake yi wa gado labule da shi a lulluɓe bango da kujeru.

Daga 1783 ya ɗauki mai zane Jean-Baptiste Huet, wanda zanensa na farko hoton masana'antar ce kanta, da ma'aikatanta suna wanki da bugu da shanya. Daga nan yadin ya zama tamkar jarida. A watan Agustan 1783 aka harba wani ƙaton balan-balan daga Paris ya faɗo a ƙauyen Gonesse, manoma suka far masa da kayan noma suna zaton dodo ne. Ba a daɗe ba labarin ya bayyana a jikin yadi. Haka 'yancin kan Amurka, wanda Faransa ta taimaka da sojoji da kuɗi aka samu, da wasannin kwaikwayon da suke tashe a Paris.

Rigar da ta jawo wa sarauniya zagi

A fadar Versailles tufafi harka ce ta mulki. Tun zamanin Louis na 14 aka tsara wanda zai miƙa wa sarki riga da wanda zai riƙe masa kyandir, kuma manyan masu sarauta suna gasa a kan waɗannan ayyuka domin su ne ma'aunin kusanci. Madam Campan, wadda ta yi wa Sarauniya Marie Antoinette hidima, ta ba da labarin wata safiya ta hunturu da sarauniyar ta tsaya tana rawar sanyi, rigarta ta ciki tana yawo daga hannu zuwa hannu, domin duk lokacin da wata gimbiya da ta fi matsayi ta shigo ɗakin, haƙƙin miƙa rigar ya koma gare ta. Kayan fada na manyan bukukuwa siliki ne mai nauyi da zaren zinariya, da wani keji da ake ɗaurawa a ƙugu ya buɗa siket gefe da gefe. Har yau akwai wani kundi na 1782 a ma'adanar tarihin Faransa mai ɗauke da ƙyallayen rigunan sarauniyar, wanda daga cikinsa ake zaɓar abin da za ta sa.

Marie Antoinette ta gaji da wannan takura. A ƙaramin gidanta na Petit Trianon, wanda mijinta ya ba ta a 1774, ta koma sanya farar rigar auduga shara-shara da ɗamara a ƙugu. A 1783 mai zane Élisabeth Vigée Le Brun ta baje hotonta cikin irin wannan riga a babban baje kolin zane na Paris. Jama'a suka ce sarauniya ta fito da rigar barci, wasu suka ce 'yar Ostiriya ce da ta ƙuduri kashe masaƙan Lyon domin ta azurta baƙi. Dole aka sauke hoton aka maye gurbinsa da wani da take sanye da siliki. Matar da ake zagi da almubazzaranci sai ga shi an zage ta don ta sa abu mai sauƙi, alamar cewa a lokacin babu abin da za ta yi ya gamsar da mutanen Paris. Duk da haka matan birni suka kwaikwayi rigar, auduga ta ƙara daraja.

A nan ne ake yawan kuskuren fahimtar Jouy. Manyan hotunan faifan tagulla su ne suka cika gidajen tarihi, amma ƙaramin kaso ne na zane kusan 30,000 da masana'antar ta fitar a rayuwarta. Mafi yawan kayanta ƙananan furanni ne na bugun katako, na ɗinka riguna da siket da gyale. Masu sayensu matan 'yan kasuwa ne da na ma'aikatan hukuma da masu shaguna, daga su kuma kayan su gangara zuwa 'yan aikin gida ta hanyar kyauta ko kasuwar gwanjo. Masanin tarihi Daniel Roche, wanda ya bi takardun rabon gado na mutanen Paris, ya nuna yadda auduga mai launi ta mamaye akwatunan 'yan aiki da leburori tsakanin farkon ƙarnin da 1789, inda a da sai ulu mai duhu. Marubutan lokacin sun yi ta ƙorafin cewa a kan titi ba a iya bambanta uwar gida da 'yar aikinta. Laƙabin sarki ya ba Oberkampf suna da kariya, a 1787 ma aka ba shi takardar shiga sahun masu sarauta, amma kuɗinsa daga titi suke fitowa.

Akwai ɓangaren wannan ciniki da ya taɓo Afirka ta Yamma kai tsaye. Haɗin alam da na ƙarfe ba ya zama a kan katako ko tagulla sai an kaurara shi, kuma mafi kyawun abin kaurarawa shi ne ƙaro, wanda ake sayowa daga kwarin kogin Senegal. Darajarsa ta sa Ingila ta ƙwace tashar Saint-Louis daga hannun Faransa a 1758, Faransa ta ƙwato ta a 1779. Baba da wani kaso na auduga kuma daga gonakin bayi na tsibiran Karibiyan suke zuwa, musamman Saint-Domingue, wadda ta zama Haiti. Sannan a birnin Nantes, babbar tashar cinikin bayi ta Faransa, an kafa masana'antu da suke buga yadi musamman domin kasuwannin gaɓar Afirka, inda yadi ya kasance kaso mafi girma na kayan da ake musayar mutane da su. Hotunan makiyaya masu annashuwa da ke jikin labulen Paris ba su nuna wannan ba.

Lokacin da ƙasa ta juya

Shekarun ƙarshe na sarautar sun zo da ƙunci. Baitulmali ya cika da bashin yaƙin Amurka. Yarjejeniyar ciniki da Ingila ta 1786 ta rage kuɗin fito, yadin Ingila mai araha ya shigo ya jefa masaƙa da yawa cikin zaman banza. Ƙanƙara ta lalata amfanin gona a Yulin 1788, hunturu mai tsanani ya biyo baya, burodi ya yi tsada. A ƙarshen Afrilun 1789 ma'aikata a Paris suka far wa gidan Réveillon, mai masana'antar takardar ado ta bango, wanda shi ma yana da laƙabin masana'antar sarki, bisa jita-jitar cewa ya nemi a rage albashi. Suka wawashe gidan suka ƙona kayansa, sojoji suka buɗe wuta, mutane da dama suka mutu. Duk mai masana'anta a Faransa ya fahimci saƙon.

Mako guda bayan haka, ranar 5 ga Mayu, aka buɗe babban taron wakilan ƙasa a Versailles, kuma fada ta sake nuna ba ta karanci zamani ba. Ta umarci wakilan talakawa su sa baƙaƙen kaya marasa ado, masu sarauta kuwa su fito da zinariya da gashin tsuntsu a hula. Wakilan talakawa suka ɗauki abin cin fuska. Ranar 14 ga Yuli aka fasa kurkukun Bastille, a watan Oktoba kuma matan kasuwar Paris suka yi tattaki zuwa Versailles suka taho da sarki da iyalinsa birni. Fadar da ke maƙwabtaka da Jouy ta zama kango.

Oberkampf ya bi iska da taka-tsantsan. Wani zane da Huet ya shirya domin yabon sarki, aka gyara shi ya dace da sabon yanayi, aka sa masa sunan da majalisa ta ba Louis na 16 a Agustan 1789, wato mai maido da 'yanci. Wani zanen ya nuna bikin 14 ga Yulin 1790, sarki yana rantsuwar biyayya ga tsarin mulki, Janar Lafayette a kan doki, jama'a suna rawa a kan kufan Bastille. Irin wannan kaya yana saurin tsufa. Ranar 21 ga Janairun 1793 aka kashe sarkin, ranar 16 ga Oktoba aka kashe sarauniyar, kuma labule mai hotonsu ya zama abin da mai hankali zai naɗe ya ɓoye. Daga nan Jouy ta karkata ga zanen gumakan tsohuwar Girka da Rum, waɗanda ba sa jawo wa kowa tuhuma.

Takardar sarautar da ya samu a 1787 ta tashi a banza a Yunin 1790, lokacin da majalisa ta soke duk laƙaban gado. A shekarar ce kuma aka zaɓe shi magajin garin Jouy na farko. Ya ba da gudummawar kuɗi ga sabuwar gwamnati, kuma da aka kai ƙararsa a zamanin da ake fille kawuna bisa zargi kaɗan, ya tsira. Kuɗin takarda da gwamnatin juyin ta buga suna faɗuwa kullum, shi kuwa ya riƙa mayar da nasa kaya da gini. A waɗannan shekaru ne ya gina katafaren ginin bugu mai tsawon fiye da mita 100. Lyon, wadda ta dogara da fada da manyan limaman coci, ta rasa masu sayen silikinta, sannan ta yi tawaye a 1793 sojojin jamhuriya suka yi mata ƙawanya suka murƙushe ta. A ƙarshen Oktoban wannan shekara majalisa ta zartar da doka cewa kowane ɗan ƙasa, mace ko namiji, yana da 'yancin sanya tufafin da ya ga dama daidai da jinsinsa.

A 1797 Jouy ta fara bugu da na'ura mai gangar tagulla da ke juyawa, wadda take yin aikin masu bugun hannu da yawa a yini guda. Zuwa 1805 ma'aikatanta sun haura 1,300, tana cikin manyan masana'antu uku na ƙasar. Napoleon ya ziyarce ta a 1806 ya ba Oberkampf lambar girma ta Légion d'honneur, domin yana kallon masana'antar a matsayin makami a gasarsa da Ingila. Sai dai takunkumin da shi Napoleon ya ƙaƙaba wa cinikin Ingila ya sa akoko da auduga suka yi wuyar samu, har Oberkampf ya kafa tasa masaƙar a Essonnes. Da daular ta faɗi a 1815, sojojin ƙawance suka mamaye yankin, aiki ya tsaya. Oberkampf ya rasu a watan Oktoban shekarar yana da shekara 77.

Magadansa sun ci gaba na wani lokaci, amma masana'antun Mulhouse da Normandy da na Ingila sun riga sun iya buga irin kayan da rahusa. An rufe Jouy a 1843, aka rushe yawancin gine-ginenta. Abin da ya rage na zane da katakan bugu da tufafi yana gidan tarihin da aka kafa a garin a 1977, a Paris kuma akwai titi da tashar jirgin ƙarƙashin ƙasa masu ɗauke da sunan Oberkampf.